Mai Siririyar Murya

Oran, Aljeriya

Zuwa ga ƙanwata Saliha, a Waca.

Assalamu alaikum. Ina fatan kuna lafiya, ke da Inna da Baffa. Ya ƙafar Baffa? An gama cirar gyaɗa? Ni lafiyata lau. Aiki ne dai, kuma ana ba ni abinci.

Kin tambaye ni inda ake kallon shirin samarin nan biyar masu waƙa, wanda kika ga guntunsa a wayar ƙawarki Hinda. Na tambayi 'yar gidan da nake wa aiki. Ta ce a intanet yake, sai an biya abonma, wato kuɗin kallo, duk wata da katin banki, kuma ba ta jin yana buɗewa a Nijar. Kada ki ƙona forfe ɗinki na intanet a banza. Ranar kasuwa ki kai wayarki wajen Tamu mai tura finafinai, ya duba miki.

Kin ce in ba ki labarinsa, tunda kullum ana kallonsa a gidan nan. Ana kallo kam, a salo, wato falon gidan. Ni lokacin ina madafa, kuma Madam ba ta son a bar ƙofa a buɗe saboda ƙaurin mai. Waƙoƙin dai na haddace su duka. Ba wani abu ba ne.

Ki ce wa Inna na yi ƙiba. Allah ya haɗa fuskokinmu da alheri.

In kin samu kin kalla, akwai wani mai siririyar murya, shi ke fara waƙa kullum. Ki rubuto mini yadda kamanninsa suke.

Yayarki,
Sadiya