Rim Ɗinmu Huɗu da Ake Zama a Kansu

Zuwa ga Shugaban masu sayar da taya da rim na bakin tashar Tambuwal,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Bayan gaisuwa irin ta ɗiya ga mahaifi, ina fata Alhaji yana lafiya, da iyali, da duk waɗanda yake shugabanta. Allah ya sa albarka a kasuwa.

Ranka ya daɗe, sunana Sa'adatu, ina ajin ƙarshe a sakandare. Ban taɓa rubuta wa babban mutum wasiƙa ba sai irin ta jarrabawa, wadda ake sa mu roƙi shugaban ƙaramar hukuma ya gyara rijiyar da babu ita. Wannan ta gaske ce. Na mayar da ita buɗaɗɗiya ne don ban san ta inda ake iske ka ba, kuma ko na iske ka na san gaisuwa kawai zan iya yi in juyo. Yayata ce za ta sa ta a waya. Na nemi izinin Babanmu, ya ce in rubuta, muddin ba wata sabuwar shawarar taya zan ba jama'a ba.

Ga abin da ya kawo ni. Kakata tana Kebbe. Yanar ido ta rufe mata ido ɗaya, ɗayan ma ya soma. Likitan ido sau ɗaya yake zuwa nan Tambuwal a wata. Ta rasa ranarta ta watan nan saboda tayoyin motar Babanmu, kuma in ba a yi wani abu ba za ta rasa ta farkon watan gobe. Babur ba ya ɗaukarta saboda ƙugunta, motar haya daga wajensu sai ranar kasuwa, ranar likita kuwa ba ta faɗowa ranar kasuwa.

1. Rabona a cikin lamarin

Babanmu yana da ƙaramar mota mai ƙofa huɗu, tsohuwa, wadda ta girme ni. Da ita ake zuwa Kebbe, da ita ake kai gawayi, da ita ake kai mai haihuwa asibiti a layinmu. Da damina cikinta yakan bugi ƙasa a hanyar Kebbe, har salansa ta taɓa faɗuwa muka dawo da ita a kan cinyata. Da tayoyinta suka suɗe, Baba ya sayar da dawa ya ce zai sayo irinsu.

A gidanmu ni ce marar magana. Inna takan ce in ba don ana jin ƙarar cokalina ba da an manta da ni. To a wancan makon aka koya mana lissafin da'ira a makaranta, na kuma ci shi duka. Sai na tashi, ba wanda ya tambaye ni, na samu Baba a zaure na zana masa da'ira biyu a ƙasa, ƙarama da babba. Na ce babbar taya za ta ɗaga cikin mota daga ƙasa. Na ce juyi ɗaya na babbar taya ya fi na ƙarama cin tafiya, saboda haka shan mai zai ragu. Baba ya daɗe yana kallon zanen, sannan ya kira Inna ya ce ta zo ta ga inda kuɗin makaranta ke tafiya. Ya hana a share wurin har la'asar.

Tun da aka haife ni, wannan ce shawara ta farko da na bayar a gida. Ina ganin da na fara da wadda ta fi ta arha.

2. Abin da ya faru a shago

Ba zan ambaci sunan mai shagon ba, dattijo ne, kuma sa'an Babana ne. Yana cikin mutanenka, kuma in ka ga alamar da zan faɗa a ƙasa za ka gane shi.

Baba ya tafi da ni, ya ce ga mai bayani. Na tsaya bayan mota na faɗi bayanina ina kallon takalmina. Mai shago ya ce wannan yarinya injiniya ce, Allah ya raya. Rim ɗinmu saiz 13 ne. Ya fito da saiz 15 da tayoyinsu masu faɗi, 'yan Kwatano, ya ce daga wata babbar mota aka cire. Ya ƙirga ramukan noti, namu huɗu, nasa huɗu. Ya ɗora, suka hau, aka ɗaure. Ya ce tunda ramuka sun hau, magana ta ƙare. Ya karɓi rim ɗinmu da tsofaffin tayoyi, Baba ya yi ciko.

Sannan ya ce a gwada. Baba ya shiga shi kaɗai ya zagaya tasha a kan kwalta. Ranka ya daɗe, Babana siriri ne, in ya zauna kujera ba ta ma sanin an zauna. Motar ta dawo shiru, ta yi tsayi, ta yi kyau kamar an yi mata sabon takalmin Sallah. Mutane suka yi ta sa albarka. Ni kuwa na ja mayafi na rufe baki don kada a ga murmushina.

Mai shagon bai tambayi inda motar ke zuwa ba, bai tambayi abin da take ɗauka ba. Bai leƙa tsakanin taya da bodi ya ga sauran filin da ya rage ba. Ni ma ban leƙa ba, amma ni a takarda na san taya, kuma a takarda ba a zana mata bodi a sama.

3. Tafiyar Kebbe

Ranar likita muka yi sammako ni da Baba don ɗauko Kaka. Muna barin kwalta, duk ramin da muka faɗa sai a ji wani ƙara daga baya kamar ana jan buhu a siminti. In Baba ya karya sitiyari sosai, na gaba ma su amsa. Ya dube ni. Na ce sabbin tayoyi ne, suna sabawa da motar. Ban san inda na samo wannan ba, ba ya cikin littafinmu.

Kowa ya san Kaka ba ta tafiya ita kaɗai. Akwai Gwaggo Hajo, ƙanwar Baba, mai riƙe ta, wadda Allah ya yi wa jiki. Akwai buhun gero na Inna, da kabewa, da kaji biyu na likita, domin Kaka ba ta yarda ta je wurin mai magani hannu sake. Da aka gama lodi, motar ta zauna a kan tayoyinta har ba a iya sa yatsa tsakani.

Ba mu gama fita gari ba ƙaran ya zama kuka, sai kuma warin roba. Kaka ta ce, "Mi anka yi ma motag ga? Da can tari take, yanzu ta koma kuka." Baba ya ce gyara aka yi mata, shawarar Sa'adatu ce. Ta juyo wajen da take jin numfashina ta ce, "To ɗiyar boko, ke kig gyara ta, sai ki sauka ki tura."

Aka sauke gero, kukan bai daina ba. Aka roƙi Gwaggo ta koma gaba, ta ce tun motar tana da fenti nan take zama, ba ta tashi don taya. Da ƙyar ta koma, sai na gaba suka karɓi kukan. A ƙarshe ni aka sauke, na zauna a kan buhun gero a bakin hanya da kaji a hannu, masu zuwa gona suna yi mini sannu. Duk da haka ba ta yi ba. Baba ya duba tayar baya ta dama ya ga bodi ya kwarzane gefenta har zare ya fara leƙowa. Ya ce ba zai ɗora mahaifiyarsa a kan wannan ba. Aka mayar da Kaka ɗakinta da sabon zanenta da ta ɗaura don likita. Mu kuma muka lallaɓo gida kamar masu rakiyar amarya, masu babur suna wuce mu. Man da na yi alkawarin zai ragu, sai da muka ƙara a hanya, don motar nishi take kafin ta ja waɗannan tayoyi.

Washegari ina share but ɗin mota na ɗaga tsohuwar darduma na ga tayar safayar motar, wadda ta zo da ita. A gefenta an rubuta 175/70 R13 da manyan baƙaƙe. Na je na duba sabbin, 195/65 R15. Lambar farko faɗin taya ce, ta ƙarshe girman rim, kuma duka biyun sun ɗara namu nesa. Tun ina firamare nake ɗora jakata a kan wannan safaya. Na je na nemo amsa a babi na bakwai, alhali tana ƙarƙashin jakar da littafin yake ciki.

4. Ƙa'idar da nake kuka da ita

Baba ya koma shagon ya nemi musaya. Mai shago ya ce ya tausaya, amma ƙa'idar layin ce, taya in ta taɓa ƙasa ba a mayarwa. Baba ya ce a bar wa Allah, ya dawo.

Ranka ya daɗe, na san ba a sa ƙa'idar nan don zalunci ba. Akwai wanda zai sayi taya ya yi biki da ita ya dawo da ita, dole ku kare kanku. Amma ina roƙo a duba wannan: mai shagon ne da bakinsa ya ce a gwada, kuma ba a gwada taya a sama. Zagayen da aka yi don a gane ko ta dace, shi ne kuma ya hana a mayar da ita. Ga shi gwajin ma bai gwada komai ba. A ƙasar nan ƙaramar mota ba ta tafiya da mutum ɗaya a kan kwalta. Wanda duk ya taɓa tsayawa a bakin tasha ya ga motar da ta fito daga Kebbe ko Sanyinna ko Jabo ya san abin da ke cikinta da abin da ke samanta. Mai shagon kullum a bakin tashar yake.

Ni yarinya ce da ta ci lissafi sau ɗaya kanta ya kumbura. Da mai shagon ya ce mini, ɗiyata, wannan ba ta motarku ba ce, da na ji kunya ta wuni ɗaya na warke. Yanzu sunan Injiniya ya bi ni har makaranta, kuma in akuya ta yi kuka a gida Inna sai ta ce in je in duba mata taya. Wannan duk zan iya ɗauka, na saye shi da bakina. Idon Kaka ne ba shi da hannu a lissafina.

5. Inda rim ɗinmu suke

Ba a sayar da su ba. Suna nan a ƙofar shagon, biyu a dama biyu a hagu, an gitta musu katako ana zama ana shan shayi. Na gane su, ɗaya yana da ɗigon koren fenti tun ranar da aka shafe ƙofar gidanmu. Hanyar makarantata ce, safe da rana ina ganinsu. Ba sau ɗaya ba na shirya magana tun daga gida, na haddace ta kamar hadda, na isa gaban mai shagon na durƙusa, sai in ji bakina yana cewa ina kwana Baba, ya iyali, ya kasuwa. Shi kuma ya amsa da fara'a daga kan rim ɗinmu, ya ce Allah ya yi wa Injiniya albarka. In ce amin, in wuce.

Abin da nake roƙo

Na farko, ka sa baki a dawo mana da rim ɗinmu huɗu a karɓi nasa huɗu, lafiyarsu ƙalau. Tayoyi uku da ba su ji ciwo ba a musanya mana da saiz 13 ko da sun ɗan fi su tsufa. Ta huɗun da ta kwarzane tamu ce, ba ma neman kowa ya ɗauki asararta, za mu cike da safaya. Ba kuɗi muke nema a mayar ba, kuma Baba ba shi da wata dawar sayarwa, abin da ya rage na ci ne har sabon gero ya shigo. Ina roƙo a yi wannan kafin watan nan ya ƙare.

Na biyu, idan mai saye ya zo da son canza girman taya, a duba lambar da ke jikin ta motarsa ko safayarsa, a faɗa masa gaskiya ko da ya zo da zane. Hawan ramukan noti kaɗai bai isa ba.

Na uku, a riƙa gwaji da mutane a baya, a sauka daga kwalta, a karya sitiyari har ƙarshe hagu da dama, kuma kada a lissafa wannan gwaji cikin taɓa ƙasa. Masu shan shayi a ƙofar shago sun isa lodi.

Game da bencin, ban so dattawa su rasa wurin zama saboda ni. Inna ta ce akwai tsofaffin turame biyu a bayan ɗaki, tsayinsu ɗaya, za su ɗauki katakon. Wannan karon na auna da igiya, kuma na sa Gwaggo Hajo ta zauna a kai da ta zo, bai yi ƙara ba.

Gwaggon ce ta kawo mini saƙon Kaka. Ta ce sabon zanen yana nan a ninke ba ta sake ɗaurawa ba, kajin likita kuma suna ta cin geronta. Ta ce a gaya wa ɗiyar boko tana son idon nan ya buɗe, ko don ta ga tayoyin da suka hana ta zuwa, ta kuma ga fuskar wadda ta zaɓe su. Ranka ya daɗe, ina jin kunyar ranar, amma ina roƙonka ka taimaka ta zo.

Allah ya ƙara maka lafiya da nisan kwana, ya ba ka ikon yin adalci tsakanin mutanenka da masu saye, ya tsare maka idanunka da na iyayenka in suna raye, ya jiƙansu in sun riga mu. In na yi kuskure a lafazi a yafe mini, ƙuruciya ce.

Wassalam.

Ɗiyarka,
Sa'adatu,
Tambuwal.