Hannuna a Hoton Keziah

Litinin, 5 Fabrairu 1996
Tun zamanin jihar Gongola wani likita ya cire mini haƙorin da ba shi ke ciwo ba, har yau ba wanda ya zo ya yi mini bayani. Shi ya sa na rantse sai gidana ya fitar da likita. Yau kuma masu jarrabawar shiga karatun likita sun dawo wa jikata Keziah da takardunta. Wai ba za ta zauna ba, wai hotonta akwai mutum biyu. Ina mutum biyu? Hannuna ne kawai a kafaɗarta, da ɗan gefen hulata.

Alhamis, 15 Fabrairu
A gidanmu yarinya ba ta tsayawa gaban mai hoto ba babba a bayanta. Na gaya wa Job mai hoto a ranar, ya ce zai yanke ni da almakashi. Bai iya yanka ba. Na je wurin Lauya Njidda a Barade. Ya duba hoton, ya shiga tari, ya fita waje ya daɗe. Da ya dawo idonsa da ruwa ya ce, "Baba Obadiya, akwai magana a nan." Na san akwai.

Talata, 12 Maris
Kotu. Alƙali bai zo ba.

Laraba, 17 Afrilu
Lauyansu ya ɗaga hoton ya ce ko wannan hannu ma yana son karatun likita? Mutane suka yi dariya. Na miƙe na ce hannun nan shi ya noma doyar da ta kai yarinya sakandare, nasa me ya noma? Alƙali ya ce in zauna. Na zauna, amma don ƙafata ce. Ya tambayi Keziah ko ita ce a hoton, ta ce ita ce. To me ya rage? Aka ɗaga shari'ar.

Juma'a, 14 Yuni
An yi jarrabawa ba ita. Roseline ƙawarta ta zauna, wadda ko kaza aka yanka sai ta rufe ido. Keziah ba ta ci tuwo ba. Ni ma ban ji daɗinsa ba, gishiri ya yi yawa.

Lahadi, 6 Oktoba
An buɗe rajistar jarrabawar baɗi, ana gab da rufewa. Njidda ya ce in ta sake nema, kamar mun yarda da laifi ne, shari'a za ta yi rauni. Bayan coci na gaya mata. Ta ce, "Kaka, kai kana so ka ci shari'a, ni ina so in duba marasa lafiya. Wanne ne ka rantse a kai?" Yaran yanzu baki gare su. Na tafi duba awaki.

Talata, 8 Oktoba
Mun je wurin Job. Ba don sun fi ni gaskiya ba, hanya ce ta bi da mu. Ta zauna ita kaɗai gaban farin ƙyalle. Na tsaya bayan Job, hannuna biyu cikin aljihu, ya ce in ƙara matsawa, inuwata na shiga. Na matsa har bakin kwata. Hoton ya yi kyau, ban san ta girma haka ba.

Njidda ya rufe fayil ɗinsa, ba ruwana. Amma kafin in mutu, wani daga cikin masu jarrabawar nan, ko masinja ne, ya tako garinmu Abbare ya zauna a tabarmata ya gaya mini: hannun kaka a kafaɗar jikarsa, wa ya cutar?