Ta Uku Daga Bakin Taga

Zuwa ga 'yata,

Gaisuwa mai yawa. Ina lafiyarki, ina ta maigidan da yaran? Ni da sauƙi, ban da idon nan. Maƙwabcina tela ke rubuta min, na ce kada ya gyara ko kalma ɗaya.

Shekara talatin da huɗu ina tambayar masu masaƙa yadda aka yi injinsu ya ci ran uwarki, ba wanda ya tanka min. Na saba. Amma ban zaci ke ma za ki shiga sahunsu ba. Wasiƙa ta uku ke nan. A biyun farko faɗa kawai na yi, ban faɗi dalili ba.

Ranar da aka rufe masaƙar ina gadi. Aka tara tarkace a bayan sito za a ƙone, na tsame gwangwanin fim guda, wanda wasu baƙi suka taɓa ɗauka na mata masu aiki. Ba ni da na'urar haska shi. Bakin taga nake ɗaga shi, in riƙa ja da yatsa biyu. Da kika ce sana'arki ke nan, ki tattaro tsofaffin fina-finai ki yanka ki haɗa, na ba ki, don in gan shi yana motsi ko sau ɗaya.

Ranar nunawa na sa rigata mai kyau, na zauna kujerar gaba. Ashe kin bi fuskokin matan nan da allura, ɗaya bayan ɗaya, kin kankare. Ga wuya, ga hannu suna aiki, a gurbin fuska kuma farin zanen allura yana ta rawa. Wani mai tabarau ya tashi yana bayani, wai ma'anarsa an shafe matan daga tarihi. Aka yi ta tafi. Ni ban yi boko ba, amma na ga hannun da ya shafe su.

Ta uku daga bakin taga, wadda ɗankwalinta ya zame, ta juyo tana dariya, uwarki ce. Ni ta hango a bakin ƙofa. Ba ta da wani hoto a duniya sai shi.

Ban taɓa gaya miki ba. Tela ya ce to laifina ne, na ce masa ya ci gaba da rubutunsa. So na yi ki gane ta da kanki, tunda wushiryarku ɗaya. Kina goye ta rasu, ta ina za ki gane ta? Yanzu na sani.

Likita ya ce idon dama ya tafi, na hagu na kan hanya. In na rufe su in tuna ta, farin zanen nan nake gani a kan wuyanta.

Tela ya ce duk mai yanka yana zubar da guntaye. Kin share naki guntayen? Kin kwafi fim ɗin kafin ki sa allura? Ko yanki kamar farce ya ishe ni, taga na nan.

Kada ki aiko da haƙuri, kada ki aiko da mai tabarau. Ki amsa min tun ina gani: akwai, ko babu?

A gaida yaran.

Mahaifinki,
Tsohon mai gadi