Sunan da Ba Na Iya Faɗa

Zuwa ga Gwaggo Asama'u, mai filin shawara.

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ina roƙonki don Allah ki taimake ni, ki karanta takardar nan har ƙarshe ko da rubutun ya karkace. Shekara uku ke nan da na shiga ajin yaƙi da jahilci, bayan furfura ta fara fito mini, kuma har yanzu hannuna bai gama sabawa da alƙalami ba.

Mu nan gida da sauƙi. Maigida lafiyarsa ƙalau, sun gama da gyaɗa, dawa ma ta shiga rumbu. Iya, wato surukata, ƙafa ta matsa mata, da sanda take fita alwala. Babban yaro lafiya. Tukur, autana, ya yi ƙyanda amma ta warke. Wadda ba ta da lafiya ita ce 'yata, kuma ba ciwon jiki ba ne. A kanta nake rubutu.

Shekararta goma, tana aji uku a firamare. A gida Uwani muke ce mata, domin sunan mahaifiyata ta ci. Mahaifiyata ta rasu shekarar da aka yi sanƙarau a garinmu Kademi, lokacin ina kamar shekarun yarinyar nan. Ba ta bar mini komai ba, ko tasa ɗaya, don kayanta dangi suka raba ina ƙarama. Da na haifi mace, maigida ya yi mini kara, ya sa liman ya raɗa mata sunan. Ranar na yi kuka har mata suka zaci wani abu ne ya same ni.

Sunan kuwa Hindatu. Gwaggo, kin san mu, mutum ba ya kama sunan wadda ta haife shi. Tun da nake a duniya bakina bai taɓa furta shi ba. Amma shi ne abu na farko da na rubuta da kaina ba a aji ba. Na ɗauki littafin Uwani na makaranta, na duba bango, na kwafe shi harafi bayan harafi a jikin takardar da aka ƙunso mini gishiri. Da na gama na zauna ina kallonsa, sai na ji kamar ta yi sallama ta shigo. Takardar tana nan cikin kwallata. Shi ya sa nake tambayarki ba malamin gari ba. In na je gabansa dole in buɗe baki in faɗa, ke kuwa rubutawa kawai zan yi.

Ga abin da ya faru. Da azumin bana wani malami baƙo ya yi mana tafsiri a ƙofar masallaci, mu mata muna ji daga zauren maƙwabta. Ya kawo labarin yaƙin Uhudu, yadda aka kashe Sayyidina Hamza, baffan Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi. Ya ce wata mata ce ta sa aka kashe shi, ta farke cikinsa ta tauna hantarsa. Mutane suna ta salati, wasu na hawaye. Sai ya faɗi sunan matar. Ban ga laifin malamin ba, abin da ke littafi ya karanta, kuma bayan Ƙaramar Salla ya koma garinsu.

To, a makaranta da sunan yanka ake kiran yara kullum safiya, don haka duk 'yan ajinsu sun sani. Ba a kwana biyu ba suka yi mata waƙa, suna tafi suna cewa a ɓoye hanta ga ta nan tafe. In ta ɗauki tallan ƙuli-ƙuli suna biye da ita har bakin kasuwa. Har Kabo mahauci, babban mutum da gemunsa, in ya hango ta sai ya jawo faifai ya rufe nama, ya ce yau hanta ta ƙare, ta dawo gobe. Shi wasa yake yi, 'yan tebur suna dariya. Ita kuwa sai ta dawo gida ta shige bayan rumbu.

Makon jiya abin ya ɓaci. Bala, ɗan maƙwabciyarmu Hure, ya tare ta a hanyar rijiya yana waƙar, ta ajiye tulu ta kama damtsensa ta gantsara masa cizo har shatin haƙora ya fito da jini. Hure ta shigo mini gida ko sallama babu, tana jan yaron, ta ce in duba da kyau, yau damtse ne, gobe sai a nemi hantar ɗanta a rasa. Ta ce dama sun ji a tafsiri, suna ne yake binta. Na ba ta haƙuri, na dafa ruwan gishiri na wanke masa. Tun ranar Uwani ba ta koma makaranta ba, kuma ta daina cin nama ko a miya, sai ta tsame ta ajiye a gefen akushi. Ta tambaye ni wai me ta yi mana muka sa mata sunan muguwa.

Maigida ba mai faɗa ba ne, amma in ya yanke magana ya yanke. Ya ce ba zai tashi ranar alƙiyama a kira 'yarsa da sunan wadda ta ɓata wa Manzo rai ba. Ya ce ranar Babbar Salla, in an yanka rago jama'a sun taru, zai sa liman ya yi addu'a a sanar ta koma Rabi, ya je wurin hedimasta a gyara a rajista. Iya ta goyi bayansa. Da ya ga raina bai so ba, sai ya ce shi bai ga abin damuwa ba, ni da ban taɓa kiran sunan ba ko sau ɗaya, me zai ragu a wurina? Ba da mugunta ya faɗa ba. Amma maganar nan ta tsaya mini a rai.

Wani lokaci sai in ce ko shi ne da gaskiya. Yarinya ce take shan wahala, ni kuma na riƙe abu don son raina. Kuma ba zan ɓoye miki ba, mahaifiyata ma tana da zafi, duk Kademi an san ba a taka ta. Amma ba ta taɓa cizon kowa ba. Daddawa take yi, kuma ba ta taɓa sauke tukunya ba ta aika wa makauniyar da ke bayan gidanmu ba. Mahaifinta malami ne mai littattafai, shi ya zaɓa mata sunan. Ashe bai sani ba ne? Ko kuwa duk rayuwarta da mummunan suna ta yi ta yawo, aka binne ta da shi, ni kuma na ɗauko na ɗora wa 'yata?

Don Allah ki gaya mini ma'anar sunan nan, da inda ya fito, da ko laifi ne Musulma ta amsa shi. In laifi ne zan haƙura, in ƙona takardar. Jaridar tana zuwa mana ta hannun hedimasta in motar Ajingi ta shigo, wani lokaci sai ta yi mako a hanya. Yau saura mako biyar Babbar Salla. Ki taimaka amsar ta iso mini kafin ranar.

Taki,
'Yar mai sunan, daga Toranke.

AMSA

'Yata, wa alaikumus salam. Rubutunki ya karantu sarai, kuma kada ki ƙona komai.

Ban tsaya kan abin da na sani ba, sai da na aika wa malamai biyu a nan birni da tambayarki, kuma bakinsu ya zo ɗaya. Sunan Larabci ne, tsoho, tun kafin zuwan Musulunci. Su Larabawa, Hindu suke cewa, mu muka ƙara masa jela ya zama Hindatu. Larabawa suna kiran babban garken raƙuma da shi, kamar ɗari ko fiye. A wurin mutanen da raƙumi ne dukiyarsu, uban da ya sa wa 'yarsa wannan suna yana nufin arziki ne ya shigo masa gida. Babu wani mugun abu a cikinsa.

Labarin da malami ya karanta gaskiya ne, sai dai rabinsa kuka ji, domin ranar a kan Uhudu yake. Matar nan ta musulunta shekarar da aka ci Makka, ta zo gaban Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya karɓi mubaya'arta, ta mutu tana Musulma.

Ga kuma abin da nake so ki riƙe da kyau. A cikin matan Manzon Allah akwai Nana Ummu Salama, Allah Ya ƙara mata yarda, wadda ta yi hijira sau biyu, wadda aka san ta da hankali har ya karɓi shawararta a ranar da sahabbai suka shiga ruɗani. Ummu Salama alkunya ce, kamar yadda kuke cewa Uwani. Sunanta na yanka shi ne wanda ke cikin kwallarki. Alkunyar ce ta rufe shi har mutane da yawa ba su san shi ba. Manzon Allah ya sauya wa mutane sunaye in ma'anar ba ta da kyau, amma wannan yana cikin ɗakinsa bai taɓa shi ba. Kakanki mai littattafai ya san abin da yake yi.

Yanzu maigidanki. Kada ki ga baƙinsa. Mutumin da ya yi miki kara ranar suna shi ne dai yau yake neman kare 'yarsa, kuma son Manzo ne ya motsa shi. Haƙƙin sa suna nasa ne, wannan ba gardama. Don haka kada ki tare shi da jarida a hannu kamar kin kama shi da kuskure, balle a gaban Iya. Ki bari ya ci abinci ya huta, ki ce kina da roƙo ɗaya: kafin Salla ya je wurin liman, ko wani malami da ya yarda da shi a Gaya, ya tambayi sunan yanka na Nana Ummu Salama. Iyakar roƙon ke nan. Amsar da ya ɗauko da ƙafarsa za ta zauna masa fiye da wadda aka karanta masa, kuma shi zai kai wa Iya da Kabo mahauci ba tare da kin ce uffan ba. In har ya ji ya dage, kada ki ta da rigima ranar Salla. Ki nemi ya jinkirta zuwa bayan damina, ya ga yadda yarinyar za ta kasance. Amma ban zaci za a kai nan ba.

Ya kuma roƙi malamin addini na makarantarsu ya ba 'yan aji labarin Nana Ummu Salama, ya faɗi sunanta a fili. Sauya suna ba zai kashe waƙar ba, yara sai su ce Rabi mai cin hanta su ci gaba da tafinsu. Abin da zai kashe ta shi ne su san sunan wa suke wasa da shi.

Cizo kuwa laifi ne, kada ki rufe mata shi. Ki kama hannunta ku je ta ba Hure da Bala haƙuri, washegari ta ɗauki littafinta ta koma aji. Ba suna ne ya yi cizon ba, yarinya ce da aka yi wata biyu ana tsokana ba ta da amsa.

Rashin amsar nan, 'yata, a nan naki laifin yake, ko da yake na kunya ne. Uwani mace ɗaya ta sani mai wannan suna, ita ce ta tafsiri. Wadda aka sa mata sunan dominta ba ta san ta ba, tunda ba kya zancenta. Mijinki ya tambaye ki me zai ragu. Abin da kika rubuto mini shi ne amsar, amma Uwani ta fi shi bukatar ji. Ba sai kin furta ba. Ki buɗe kwalla ki ɗauko takardar gishirin nan, ki sa mata a hannu, ai ta iya karatu. Ki ce wannan ce ta haife ni. Ki ba ta labarin daddawar, da makauniyar bayan gida, har da zafin ma kada ki rage.

Ranar Salla in an gasa hantar rago, a fara miƙa mata, ta ci a tsakar gida kowa yana gani.

Allah Ya ji ƙan mahaifiyarki, Ya ba Iya sauƙin ƙafa, Ya raya miki Hindatu. Na faɗa a madadinki.

Gwaggo Asama'u