Haƙoran Baba

Brezina, Nebraska
9 ga Satumba, 1974

Zuwa ga ƙanwata Rozalie,

Bayan gaisuwa mai yawa, da fatan ke da Harold da yara kuna lafiya. Mu nan lafiya lau, an gama girbin alkama, rumbun kuma ya cika har wuya.

Littafinki ya iso. Ban saya ba, matar fasto ce ta kawo mini nata har gida tana ta rawar jiki. "Lida, ƙanwarki ta fito da mu! Kin ga hotonta a bango? Kamar matar gwamna!" Na ce na gani. A kantin Brabec an jera shi a taga, kusa da takalman roba. Duk wanda ya hau da motarsa kan sikelinmu sai ya leƙo ya ce in gaishe ki. Shekara talatin ina auna musu hatsi, ba wanda ya taɓa aiko da gaisuwa gare ni, ke kuwa da ba ki san inda muke ajiye shebur ba kin zama 'yar gari.

Na karanta shi tas. Tarihin rumbunan hatsi na bakin layin dogo, wa ya gina, wa ya karye, duk kin yi ƙoƙari. Sai na zo babi na shida, wanda kika sa wa suna "Haƙorin Vondra", wato haƙorin Baba. Kin ce Baba yana cizon ƙwayar alkama ɗaya ya faɗi ko ta bushe ko da sauran danshi, kuma bai taɓa kuskure ba har aka kawo na'urar gwajin danshi a 1961.

Rozalie, likita ya cire wa Baba haƙoransa kaf a 1946. Na roba yake sawa, ko gasasshiyar masara ba ya iya ci. To wa ya ciji alkamar shekara goma sha biyar?

Na duba jerin sunayen da ke bayan littafin. Akwai Baba sau goma sha tara. Akwai dokin Emil Stastny. Ni babu. Na ji za a yi bugu na biyu kafin Kirsimeti. Ina son sunana a ciki.

Ki gaida kowa.
Yayarki,
Ludmila

Lincoln
17 ga Satumba, 1974

Yaya Lida,

Ina gaishe ki da girmamawa, da fatan ciwon gwiwar ya yi sauƙi. Na yi murna da kika karanta littafin har ƙarshe.

Game da abin da kika ambata, ina so ki fahimci yadda aikinmu yake. Littafin tarihi ba ya ɗaukar magana sai da madogara. Na yi hira da manoma goma sha ɗaya, kowannensu ya ce da idonsa ya ga Baba yana sa ƙwaya a baki ya yanke hukunci. Jaridar gunduma ma ta rubuta haka a 1955. Abin da kika faɗa kuwa babu shi a wata takarda, kuma editana ba zai karɓi zancen cikin gida ba tare da shaida ba.

Sannan babi na shida shi ne wanda ƙungiyar masana tarihi ta yaba, kuma saboda shi ne za su karrama littafin a watan gobe. Taɓa shi yanzu ba ƙaramin abu ba ne. Abin da zan iya yi shi ne in sa sunanki a shafin godiya, cikin waɗanda suka taimaka.

Harold yana gaisuwa. Ki huta lafiya.
Taki,
Rozalie V. Pelz

Brezina
21 ga Satumba, 1974

Rozalie,

Gaisuwa. Gwiwa tana nan yadda kika san ta, in kin san ta.

Har da "V. Pelz" kika sa mini, sai ka ce ban wanke miki wando ba. Shafin godiya kuma ki ajiye wa mai buga miki tafireta.

Tunda takarda kike so, ga ta, ki ajiye. Manomi ya hau sikeli da motarsa, Baba ya ɗebo alkama a tafin hannu, ya bar kaɗan ta zube ƙasa da gangan. Ni ina gefe da tsintsiya, 'yar shara ce kawai. In sunkuya in tsinci ƙwaya uku, in juya baya in ciza. In ta fashe ƙaras, in buga gindin tsintsiya sau ɗaya a katako. In ta lotsa, sau biyu. Baba kuma yana can yana juya ƙwaya a baki yana lumshe ido kamar mai addu'a, sai ya ji bugun ya ce, "Emil, koma da ita gida ta sha rana kwana biyu." Emil ya yi ta ƙunƙuni ya koma. Da ni na faɗa, da ya kai hatsinsa rumbun garin gaba, don a lokacin ba namijin da zai bar mace ta ce masa alkamarsa jiƙaƙƙiya ce. Kin kuma san abin da jiƙaƙƙiyar alkama take yi a rumbu, ta yi zafi ta ruɓe ta ja sauran.

Turamen haƙorana biyu sun tsage a wannan aikin. Anton Sedlak ya nemi aurena a 1950, ya ce mu tafi Oregon. Baba ya kalle ni a kan tebur ya ce, "In kin tafi, wa zai yi shara?" Na zauna.

Ina kishinki, ba zan ɓoye ba. Ina kishin hoton nan naki da sarƙar wuya, ina kishin tafin da za a yi miki. Amma kar ki ce mini babu shaida. Akwai wata yarinya da take hawa tsanin rumbu bayan makaranta, ta kwanta rub da ciki tana leƙen mu ta tsakanin katakai. Ina ganin ƙurar da take zubowa. Tambaye ta, ai yanzu ta zama malamar tarihi.

Ludmila

Lincoln
6 ga Oktoba, 1974

Yaya,

Ina gaisuwa. Na fara wasiƙar nan sau huɗu ina yagawa.

Na gani. Tun ina 'yar shekara goma sha huɗu na gani, na kuma san ma'anar bugu ɗaya da bugu biyu. Lokacin da nake rubuta babin ma ina jin tsintsiyar a kunnena.

Ke kina ganin ni ce na samu. Ni kuwa daga saman tsanin nan abin da nake gani shi ne Baba yana jiran ki kafin ya buɗe baki. Duk garin na jin tsoronsa, shi kuma kunnensa yana wajenki. In an tashi aiki ya miƙa miki rabin burodinsa ba tare da ya ce komai ba. Ni sau ɗaya na shiga ɗakin sikeli, ya ce, "Fita, Roza, za ki ɓata rigarki." Ranar da na kawo takardar shaidar digirina, ya juya ta gaba da baya ya ce, "Madalla," ya tambaye ki ko motar Stastny ta iso.

Na rubuta shafi ɗari uku don in samu wuri ɗaya da zan zauna da shi ni kaɗai. Da na sa ki, da ya sake juyawa wajenki. Wannan ita ce gaskiyar, kuma ba ta da kyau.

Na kai wa editan sabon babi ranar Litinin. Ya ce, "Madogara fa?" Na ce ni ce. Ya cire tabarau ya ce na san kuwa abin da zan janyo wa kaina, tunda na buga abin da na san ba haka yake ba? Na ce na sani. Na rubuta wa ƙungiyar ma, sun ɗage karramawar, ban san ko har abada ba.

Ban nemi ki yafe mini yanzu ba.
Ƙanwarki,
Roza

Brezina
19 ga Disamba, 1974

Roza,

Gaisuwa, da fatan kun shirya wa bikin Kirsimeti.

Sabon bugun ya zo, wannan karon da kuɗina na saya. Na ga sunana, Ludmila Vondra, sau bakwai. Na zauna a ɗakin sikeli na yi kuka, ban ji kunya ba.

Jiya Emil Stastny ya shigo da sandarsa, shekararsa tamanin da ɗaya. Na gyara tsayuwa, na ce yau zan ga mamaki a fuskar mutumin nan. Sai ya ce, "Lida, mene ne sabo a nan? Ai duk mun sani. Haƙoran robar babanku sun taɓa faɗowa cikin motata, ni na miƙa masa. Mu tsintsiyarki muke saurara."

Na ce, "To me ya hana ku faɗa, ko da aka zo hira da ku?"

Ya ce, "Ba wanda ya tambaye mu game da ke."

Ya juya zai fita, ya tsaya a bakin ƙofa ya ce in gaishe ki, wai ƙanwata jaruma ce da ta faɗi gaskiya. Kin ji, wannan ma ke kika samu.

Ki zo Kirsimeti. Akwai gado.

Yayarki,
Lida