Mai Rawa a Fim na Uku

Jos

Garzali,

Sallama. Ya zafin Doha? Na ji ƙungiyarku za ta karrama Baba ranar Juma'a a Asian Town, za ku haska tsofaffin gajerun finafinan da aka ɗauka lokacin yana jagorantar makaɗansa. Madalla. Amma ka cire na uku. In ba ka sani ba, yarinyar da ke rawa kai ba ɗankwali a gefen jitarsa Umma ce. Umman da matan unguwa ke durƙusa wa a Islamiyya suna ce mata Malama! Na san mutanenka, kafin fim ya ƙare wayoyinsu sun kawo shi Jos.

Ka huta lafiya.
Yayarka, Haulat

Mu'aither, Doha

Yaya Haulat,

Gaisuwa da girmamawa. A bakin gadi na karanta wasiƙarki, har abokin aikina ya tambaye ni ko rasuwa aka yi. Wallahi ban gane ta ba. Sai dai sauran finafinan duk sun dushe, Baba inuwa ce kawai a ciki. A na uku kaɗai ake ganin yatsunsa suna gudu, yatsun da shanyewar jiki ta ƙwace masa. Na gwada yanke Umma, ta tafi da rabin jitar. Kuma na riga na yi wa Baba alkawari, har ya yi kuka a waya. Ba zan iya cirewa ba, khalas, magana ta ƙare. Tsoro nake ji, Yaya.

A gaida gida.
Garzali

Jos

Garzali,

Sallama. Tunda kunnen ƙashi gare ka, na gaya wa Umma. Ta ajiye carbi ta shige ɗaki, ko tuwo ba ta taɓa ba. Sai ka ji daɗi.

Wassalam.
Haulat

Jos

Garzali,

Allah ya yi maka albarka. Yayarka ta fi ni jin kunyata. Rawa na yi, ba sata ba, kuma tsofaffin Jos sun gan ni tun ba a haife ku ba. Kada ka yanke ko ƙafata. Amma ka turo min fim ɗin kafin Juma'a, zan kalla da babanku. Lokacin da aka haska shi ba mu da talabijin. Ni kaɗai ce ban taɓa ganin yarinyar nan ba.

Allah ya tsare.
Ummanka