Ƙasar Gonar Baba a Cikin Leda

Zuwa ga Yayata abar ƙaunata,

Bayan gaisuwa mai tarin yawa, ina fatan kina lafiya, ke da maigida da yara. Ya ciwon gwiwar? Allah ya ƙara sauƙi.

Yau sati uku ke nan da zuwana kwalejin noma, kuma ban gudo ba, sai ki gaya wa Yaya Babba. Ranar rajista magatakarda ya ɗago kai ya ce, "Mama, ina yarinyar da kika kawo?" Na ce ai ni ce yarinyar. Shekara arba'in da shida a duniya, ashirin da biyar a kan keken ɗinki, yau ga ni da takalmin roba har gwiwa.

Ban san noma ya rabu gida-gida haka ba. Akwai masu karatun kiwon dabbobi, akwai na kifi da na zuma, ga na gandun daji, ga masu kwance injin tarakta su mayar. Ni dai ina sashen ƙasa da lambu, kwas ɗin shekara guda.

Akwai wani tsoho mai kula da ɗakin kayan aiki, Baba Sito ake ce masa. Shi ya ba ni tarihin makarantar ranar da na je karɓar cebur. Wai shekara sittin da wani abu da suka wuce, nan fili ne da masu yin bulo suka ƙwaƙule suka bari, ko akuya ba ta tsayawa. Da rumfa ɗaya aka fara, malamai biyu, ɗalibai goma sha ɗaya, karatun wata shida. Da kansu suka yi ta dakon taki suna cike ramuka. Sai da wata annoba ta kashe shanu aka buɗe sashen kiwo, mata kuwa sai can baya aka fara ɗaukarsu, su uku. Yaya, in kin ga inuwar wurin nan yanzu ba za ki yarda ba.

Kin san abin da ya kawo ni. Yaya Babba ya ce gonar Baba ta mutu, in damina ta wuce ba ta yi komai ba, zai sa hannu a sayar wa mai gina shaguna. Na ɗebo ƙasarta daga wuri biyar a leda, na ba malamarmu ta gwada. Ki taya ni da addu'a.

Ki gaida kowa.
Ƙanwarki, Tela.

*

Yayata,

Ina gaisuwa da fatan alheri. Wasiƙarki ta iso, na ji daɗi da gwiwar ta yi sauƙi.

Ba zan ɓoye miki ba, na faɗi gwajin farko. Allon ne ba na gani sosai, ramin allura ya gama cinye mini ido, ga kunyar in faɗa a gaban yaran da na haifi sa'anninsu. Har na haɗa jakata. Malama ce ta lura ina kwafar rubutu daga littafin na kusa da ni. Ta mayar da ni layin gaba, ta tura ni asibitin makaranta. Yanzu ina da tabarau, in kin gan ni sai ki ce alƙali.

Sai ga ranar koyon aurar da bishiya, wato a yanko reshen mai daɗin 'ya'ya a haɗa shi da tushen mai ƙarfi a ɗaure. Ashe yanka ne da ɗauri, aikin hannuna. Cikin ashirin da na haɗa, goma sha takwas sun kama, babu wanda ya kai ni a ajin. Yaran da ke yi mini dariya su ne yanzu ke cewa, "Mama, nuna mana yadda kike riƙe wuƙar."

Sakamakon ƙasar ya fito. Malama ta ce gonar ba ta mutu ba, gajiya ta yi. Shekara da shekaru abu ɗaya ake shuka mata, takin kanti ya sa ta yi tsami, ƙarƙashinta kuma ya daskare har saiwa ba ta iya ratsawa. Tana son toka da takin dabbobi da wake da haƙuri. Na yi murna har na rungume ta. Sannan ta ce aikin shekara uku ne, ba na damina ɗaya ba. Kin san Yaya Babba, in ya faɗi magana ba ya son ya janye. Kuma ba mugu ba ne, shi ya sha wahalar gonar nan shi kaɗai tun rasuwar Baba, mu muna gidajenmu.

Na rubuta masa gaskiya, ban rage ko wata ɗaya ba. Ban san me zai ce ba.

Taki har kullum, Tela.

*

Yayata ta kaina,

Gaisuwa da fatan kun wayi gari lafiya. Ki zauna kafin ki karanta wannan.

Shekaranjiya ina cikin rumfar renon itatuwa aka ce ina da baƙo. Yaya Babba ne, da takardar sayar da gona a aljihun gaba. Ya ce ya zo ne in sa hannu a huta, shekara uku ba wasa ba ce. Na ce to, amma ya bari in mayar da kayan aiki tukuna.

A ɗakin kaya Baba Sito ya dube shi ya ce, "Wannan hannun manomi ne." Shi ke nan hira ta ɓarke. Ya zaga da shi gonar gwaji, ya sa ya haƙa da kansa, ya nuna masa inda baƙar ƙasa ta ƙare, jan yumɓun masu bulo ya fara. Yaya Babba ya durƙusa ya daɗe yana murza ƙasar a tafinsa. Daga nan ya shiga jero wa malama tambayoyi, har da gardama, ita kuma ta ce a kan maganar magudanar ruwa ya fi ta gaskiya. Da kin ga yadda ya washe baki!

Da na raka shi bakin ƙofa ya ce, "Na ɗauka ni na kashe gonar." Na ce ba wanda ya kashe ta, Yaya. Bai sake tayar da maganar takarda ba. Ya ce shekara ukun ya ba ni, amma da sharaɗin tare za mu yi.

Ga babban labarin. Kowane aji yana zaɓar gona guda a waje don aikin ƙarshen zango, kuma ajinmu ya zaɓi tamu. Za mu zo sati na sama da motar makaranta, da taki da dashen itatuwa ɗari biyu.

Don Allah ki aro manyan tukwane a maƙwabta, ki share ɗakin Baba. Mu goma sha huɗu ne, kuma yaran nan suna da ci.

Ƙanwarki mai ƙaunarki,
Tela.